Ranar da Muka Sace Wakili

Kawuna mai tsire ne a unguwar Jarwal da ke Makka, amma in ka zauna da shi kaɗan sai ka ɗauka tsiren abin wucewa ne, ainihin sana'arsa jan labule. A hanyarsa ta zuwa Makka guzuri ya yanke masa a Asmara, ya yi shekara shida yana shara a gidan wasan kwaikwayo na Italiyawa, daga baya suka damƙa masa igiyar labule. A yarensu bai iya abin da ya wuce neman abinci ba. Duk da haka babu wasan da ya gani da ba zai ba ka labarinsa tun daga farko ba, kuma har yau ina zargin rabin labarin shi ya ƙara da bakinsa.

Wanda ya fi so shi ne na wani babban mutum da ɓarayi suka sace. Yakan ce ba satar ce ta ɗaure masa kai ba. Mai wasa ne zai fito ya kwaikwayi wani mai mulki, da tarinsa, da yadda yake tura tumbi gaba, jama'a su yi ta dariya, a tashi lafiya kowa ya tafi gida. Kawu ya daɗe yana juya abin a ransa kafin ya gano bakin zaren. "Mutanen nan ba su da abokan wasa," in ji shi, yana barbaɗa ƙuli a kan nama. "Ba taubashi, ba Bafillace da Babarbare. Shi ya sa sai da suka gina gida suka rataya labule kafin su iya faɗa wa babba magana."

A shekarun nan na alif ɗari tara da sittin da 'yan kai ina ɗinki a wani ɗan shago kusa da tukubarsa. Matata kuwa tana Bur Sudan, a tsallaken teku, da 'yarmu. Na riga su tsallakowa ne a kan cewa wata uku zan aiko musu da takarda, sai ga shi shekara ta biyu tana neman cika. Na bar yarinyar tana goye, wasiƙa ta zo cewa har tana kiran kaji da bakinta. Takardar tana hannun dattijon da muke kira Wakili, wanda ke shiga tsakaninmu da hukuma a kan duk abin da ya shafi iƙama, wato takardar zama a ƙasa, da izinin shigowa. Bazazzage ne, dogo, mai babbar riga ko a tsakiyar zafi. Mu dai ba kasafai muke ganinsa ba. Ƙaninsa ne ke zama a ƙofar gida a kan buzu, kuma amsarsa ɗaya ce ga kowa: "Yana hutawa. Bukra, in sha Allahu, ku dawo gobe." Na je ƙofar nan har takalmina ya san hanya, raina kuma ya ɓaci da mutumin ƙwarai.

Ana saura kwana goma Sallah ƙarama Kawu ya kira ni bayan tukuba ya ce zai yi wasa a hoshinmu, wato tsakar gidan da muke haya mu gida takwas, kuma Wakili za a sace. Na ce masa ya rufa min asiri.

"Kai za ka fito a Wakili," in ji shi.

"Kawu, takardar iyalina tana hannunsa."

"Kai Bakano ne ko ba Bakano ba? Shi Bazazzage. In ni Basakkwace na yi, rashin kunya ce. In kai ka yi, wasa ne, ko gaban alƙali aka je. Ina ya taɓa jin Bazazzage ya kai ƙarar Bakano don ya tsokane shi?"

Haka ya raba sauran aikin ma. Bai duba wanda ya iya magana ba, asalin kowa ya bi. Ƙanin Wakili aka ba wani Bakano mai sayar da tasbaha, mutumin da in'ina ta hana shi ciniki da kyau. Ɓarayi biyu kuwa ya ce kowa ma zai iya. Ni na yarda ne don haushi, ba don na gamsu da hujjarsa ba. Na ɗinka babbar riga da buhunan gari, na yi kwana uku ina koyon tafiyar dattijon a cikin shago.

Ranar Sallah ta biyu bayan la'asar aka ɗaura zannuwan gado biyu a igiyar shanya. Maza suka zauna a tabarmi, mata suka leƙo daga soro da tagogi, aka rufe ƙofar waje don kada abin ya zama na titi. Kawu bai gaya min ya aika wa Wakili goron gayyata ba. Ina leƙawa ta tsakanin zannuwa sai na gan shi a sahun gaba, a kan kujera ɗaya tilo da gidan ke da ita, ga kofin shayi a hannunsa. Na juya zan cire rigar. Kawu ya ce, "A Asmara ma manya a gaba suke zama," ya ja igiya.

Wasan ba shi da tsawo. Ɓarayi suka shigo suka naɗe ni a tabarma suka fita da ni. Mutane suka ci gaba da zuwa ƙofa, mai tasbaha yana ce musu yana hutawa, su dawo gobe. Kwana arba'in babu wanda ya lura an sace Wakili. Da ɓarayin suka gaji da ciyar da ni, domin na ce ba na cin komai sai fate, suka rubuto takardar neman fansa. Mai ƙofa ya karɓa, ya juya ta, ya ce babu hoto, babu shaidu biyu, su dawo gobe. A ƙarshe ɓarayin da kansu suka bi layi tare da jama'a, ni kuma ina cikin tabarma ina yi musu nasiha a kan haƙuri.

An yi dariya har wata tsohuwa ta ƙware a saman soro. In'inar mai tasbaha ta ƙara wa abin armashi, don kafin ya gama furta "gobe" mutane sun faɗi. Ni ma da na ji dariyar sai tsoro ya sake ni, na ƙara abin da ba a shirya ba, na yi tarin Wakili, na gyara rawani da yatsa biyu yadda yake yi. Shi kaɗai ne bai yi dariya ba. Da aka rufe labule ya ajiye kofinsa, ya sa wa kowa albarka, ya tsaya a gabana ina sanye da buhun gari.

"Bawana," ya ce, kamar yadda Zagezagi ke kiranmu. "Gobe bayan asuba ka same ni a gida. Ka rufe shago."

Na kwana da sanin na jawo wa matata wata shekarar. Kawu ya ce in kwantar da hankalina, tunda ya kira ni bawa ai ya karɓi wasan. Amma shi ma na ga yamman nan ya ƙona nama.

Da safe na tarar da Wakili a tsaye a ƙofa da jakar fata. Ya miƙo min ita ya ce, "Jiya ka sace ni, yau kai nawa ne. Ɗan Kano zai yi wa ubangidansa dako." Muka bi hanya a ƙafa. Jakar ta fi keken ɗinkina nauyi a hannu. Muka isa wani ofishin takardu tun ba a buɗe ba, muka zauna a kan benci a baranda, muka yi ta zama. Ya buɗe jakar yana jera takardu, kowace da ɗan ƙyalle da aka ɗaure ta da shi. Ya san kowa ba sai ya karanta ba: wannan na makahon unguwar Hindawiyya ne, wannan na matar da mijinta ya rasu a unguwar Ka'akiyya. Tawa tana ɗaure da koren ƙyalle, gefenta ya yi laushi don yawan taɓawa.

Wajen hantsi aka buɗe taga. Wakili ya miƙe, ya gyara riga, ya je ya tsaya. Ma'aikacin da ke ciki bai kai ni shekaru ba, kuma aiki ya yi masa yawa, ko kai bai ɗago ba. Dattijon da muke cire takalmi kafin mu gaishe shi ya sunkuya daidai tagar, ya sassauta murya, yana gaisuwa da Larabcinsa mai ƙanshin Zariya. Aka ce ya jira. Ya dawo ya zauna. Sau huɗu ya tashi kafin azahar, a na ƙarshe aka karɓi takarda ɗaya daga cikin goma sha wani abu, aka ce sauran gobe.

A hanyar dawowa na ce, "Baba, me ya sa ba a gaya wa mutane nan kake zuwa?"

"In ce musu me? Wakilinsu yana bakin taga kamar kowa? In suka daina ganin girmana, da wace fuska zan ce wa mace ta ƙara haƙuri ta yarda?" Ya tsaya ya huta a inuwar wani bango. "Kuma tarin nan ba haka nake yi ba. Ka cika shi da yawa. Kanawa komai sai kun sa riba."

Kwana uku ya ɗauke ni, sannan ya ce ya 'yanta ni. A rana ta uku da ya miƙa koren ƙyallen na ji ya ce wa ma'aikacin, "Wannan ɗana ne, iyalinsa suna bayan teku." Aka duba, aka ce akwai sa hannu ɗaya da ya rage, mai shi ya yi tafiya. Kunya ta hana ni kallonsa duk hanya. Na so in ba shi haƙuri, amma abokin wasa ba a ba shi haƙuri, yin hakan tamkar ka ce da gaske ka yi. Sai na riƙe jakar da kyau kawai.

Kawu, da na ba shi labari, ya ci gaba da fifita wuta. Can ya ce Italiyawan ba su taɓa nuna wannan ɓangaren ba, ko kuwa sun nuna a ranar da bai je aiki ba.

Bayan mako bakwai, wata ranar Talata da hantsi, ina kan keke ina haɗa wuyan riga, haske ya ragu a shagon. Na ɗago na ga Wakili. Bai aiko ƙaninsa ba, da ƙafarsa ya tako har Jarwal ta ciki. Ya ajiye takarda a kan rigar da nake ɗinki, da hatimi biyu a ƙasanta.

"Ungo, bawana. Ka aika su zo, ko ka sami mai yi maka tuwo ka daina ramewa kana ba iyayen gidanka kunya."

Amsa tana bakina, irin wadda kowane Bakano yake da ita a shirye.  Amma sai na kifa kaina a kan keken na yi kuka irin wanda rabona da shi tun ina yaro. Wakili bai tafi ba. Ya juya min baya, ya tsaya a bakin ƙofa, ya baza hannayen rigarsa ya dafa ginshiƙai biyu, yana amsa gaisuwar masu wucewa ɗaya bayan ɗaya, har na gama.