Launin Da Ba Launi Ba

Mai fenti ya shekara arba'in da 'yan kai yana hawa tsani. Babu gidan da ke layinsu da bai san bangonsa ba. Ya san wanda ke shan fenti kamar mai ƙishirwa, ya san wanda danshi ke ci ta gindi. Farcensa kuwa, ko kwana uku ka jiƙa shi a kananzir, sai ka tarar da sauran shuɗin wani gida a ciki. Yana aji huɗu ubansu ya rasu, ya ajiye jakar makaranta ya ɗauki burushi, don ƙanensa Auta ya ci gaba da karatu.

Auta kuwa ya yi karatun har ya wuce inda masu hankali ke tsayawa. Ya ƙetare ruwa, ya je inda aka haƙa rami aka binne inji mai girman gari, ba don neman ruwa ko fetur ba, wai don a yi ta gwara ƙwayoyin da ido ba ya gani, a tsaya ana kallon tarkacen da ya fito. Manya da furfurarsu! Ya dawo da tabarau da tumbi da sunan Dakta, aka ba shi ofis a jami'a. Abu ɗaya ya manto a can: kalmar Yaya. A gida sai ya yi gyaran murya ya ce "kai". A gaban baƙi kuwa "Malam" ne, kamar wanda suka haɗu a tashar mota.

Mai fenti bai taɓa buɗe baki ba, amma abin na nan yana ci masa rai. Bai nemi riga ba, bai nemi mota ba. So yake, ko sau ɗaya ne, a gaban mutanen nan masu takalmi mai sheƙi, a kira shi da abin da yake.

Ana nan aka gina sabon ɗakin lacca a sashen su Dakta, aka ce a yi wa bangon ƙofa zane. Dakta ya kira shi, ya miƙa masa takarda da yatsu biyu.

"Ƙwallaye uku za ka zana, ja da kore da shuɗi, ka sa su cikin farar da'ira."

"Tallar alawa za ku fara?"

"Firoton ne. Duk abin da kake gani, har kai da bokitinka, in aka bi shi ciki-ciki sai an tarar da shi. Su ukun nan da ke cikinsa kwak ake ce musu."

"Kwak? Agwagwa ce ta sa musu suna? Kai ka taɓa ganinsu?"

Dakta ya gyara tabarau. "Ba wanda ya taɓa ganin ɗaya shi kaɗai. Akwai wani ƙarfi da ke riƙe da su kamar gam. Kana jan ɗaya, shi kuwa riƙon ba ya saki. In ka matsa, maimakon ya fito tilo, sai wasu sababbi su ɓullo su raka shi."

"To madalla. Su dai ba sa jin kunyar juna."

Dakta ya kau da kai. Mai fenti ya sake duba takardar.

"In ba a gansu ba, wa ya ce maka wannan ja ne?"

"Ba launin gaske ba ne, suna kawai aka sa masa. In ukun suka haɗu sai su koma fari, wato babu launi ke nan."

Nan fa aka taɓo inda Mai fenti ke sarauta. Ya buɗe gwangwanaye uku, ya ɗiba kaɗan-kaɗan a kan murfi, ya juya da tsinke, ya kai wa Dakta har gaban hanci. Abin ya fito kamar taɓon kwata.

"Ga farinka nan."

"Wannan ai fenti ne! Ni haske nake nufi. In ka haɗa fitila ja da koriya da shuɗiya…"

"To sai ka kira mai lantarki."

Dakta ya duba agogo. Har ya juya zai tafi, ya dawo ya rage murya: "In manya sun shigo, ka yi aikinka kawai. Ba sai an yi ta tone-tonen dangantaka ba."

Kwana uku Mai fenti ya yi a bangon nan. Ya kankare, ya cike ramuka, ya shafa hannu na farko da na biyu. Bai yarda da maganar ba ko kaɗan, amma shi ba ya ha'intar bango. Ƙwallayen suka fito kamar ka miƙa hannu ka tsinko.

Ran na uku da hantsi, yana can ƙolin tsani yana gyara bakin da'ira, sai ga shugaban jami'a ya shigo zagaye, da 'yan rakiya wajen goma suna dariya tun kafin ya gama magana. Dakta na gefensa cikin kwat mai ruwan toka, yana bayanin kwak hannu na tashi sama. Shugaba bai saurare shi ba. Bango yake kallo.

"Kai, wannan hannu ne! Dakta, ina ka samo mutumin nan?"

"Wani ne daga can unguwarmu, ranka ya daɗe."

Wani! Mai fenti ya ji kalmar ta hau tsanin nan mataki-mataki ta same shi. Ya ajiye burushi a bakin gwangwani, ya leƙo ƙasa, ya ɗaga murya yadda yake yi in yana kira daga saman bene:

"Auta! Riƙe mini tsanin nan in sauko."

Shugaba ya waiga hagu, ya waiga dama. "Wane ne Auta?"

Tsanin dai da gaske yana rawa, ƙafarsa ɗaya ba ta zauna ba. Dakta ya matso, gumi na bin wuyan kwat, ya dafa shi da gefen hannu kada ya ɓata riga.

"Sauko, Malam."

"Wa kake kira? Malamai ai ga su nan birjik a bayanka."

"Don Allah ka sauko," in ji Dakta ta cikin haƙora.

"Ina nan. Iskar sama ta fi daɗi."

'Yan rakiya suka fara kallon takalmansu. Dakta ya fitar da kalmar ƙasa-ƙasa kamar mai tofar da ƙwayar magani: "Sauko, Yaya."

"Kunnen ya tsufa, ƙara mini."

"Yaya, ka sauko!"

Ya sauko a hankali, bai tsallake mataki ko ɗaya ba. Shugaba ya ƙyalƙyale da dariya, ya kama hannun nan mai fenti da hannuwansa biyu. "Ashe yayanka ne? Kana da irin wannan a gida ka ɓoye mana? Ni ma yayana ne ya tsaya mini, direban babbar mota ne."

Ka ga ikon Allah! Nan take bakin Dakta ya kwance. Ai Yaya ne ya rene shi. Ai Yaya ne ya bar makaranta dominsa. Ai kullum yana faɗa wa ɗalibai labarin Yaya. Har hannu ya kai zai dafa kafaɗarsa.

Mai fenti ya tsaya yana kallonsa. Shekara da shekaru yana jiran kalmar nan, yau ga ta tana zuba kamar famfon da ya lalace, ba shi aka buɗe wa ba kuma. Ya janye kafaɗa, ya naɗe tsummansa, ya buga murfin gwangwani da dunduniyar hannu.

"Ya isa haka, Dakta," in ji shi. "Rage saura, wataƙila gobe ma wani babba ya zo."

Ya saɓa tsaninsa ya ratsa ta tsakiyarsu, kowa na kauce masa don kada fenti ya ɓata masa riga.