Sunan Ɗan Fari

Laure mai bandar kifi ce a Argungu, kuma shekara ashirin da bakwai ba ta taɓa kiran sunan ɗanta na fari ba, saboda alkunya. "Wancan" take ce masa, har ya girma ya shiga soja, har aka kawo mata jakarsa babu shi.

Ranar da matan gari suka fito neman a daina yaƙi, tana sahun gaba. Nan Sa'ida, mai ɗaukar fim ɗin rayuwar talakawa daga Birnin Kebbi, ta gan ta, ta biyo ta gida da kyamara.

"Inna, mi as sunanshi?"

Laure ta harare ta. "Ke ɗiyag ga, uwa na hwaɗin sunan ɗan hwari?"

Sa'ida ta ba da haƙuri, ta ce a rediyo "sojoji tara" kawai aka ce, ba a ambaci kowa ba.

Laure ta daɗe tana juya kifi.

"Kunna abin nan."

Ta dubi kyamarar. "Junaidu," ta ce. Ta sake faɗa da ƙarfi, kamar mai kiran yaro ya zo ya ci tuwo.