Tallan Awara a Bakin Goge

Kuang Deshui ɗan mai awarar ƙauyenmu ne. Shekara ashirin ya yi a birnin Xi'an na ƙasar Sin yana tsara kiɗan fina-finai, irin kiɗan da ke sa ƙato hawaye ya ce ƙura ce ta faɗa masa a ido. Amma ubansa, Tsoho Kuang, bai taɓa yarda sana'a ce ba. In an tambaye shi aikin ɗan, sai ya ce, "Yana can yana kaɗa tsinke a gaban makaɗa, su suna wahalar goge."

Shi kuwa Deshui, duk lambobin yabon da ya tara, abu ɗaya yake nema: tsohon nan ya ce madalla.

Da aka kawo fim ɗinsa na takwas zauren taronmu, ya biyo shi gida, ya zaunar da uban a sahun gaba. Aka zo inda jarumar ke sallama da mijinta a tashar jirgin ƙasa, goge ya fara kuka a hankali. Sai Inna Shufen mai ɗinki ta miƙa wuya.

"Kai jama'a! Wannan ai tallan awara ne!"

Gaskiyarta. Kiran da tsohon ke yi kowace safiya, "Awaraaa, da zafinta!", shi Deshui ya ɗauka ya raba wa masu goge ashirin. Zaure ya kece da dariya. Jaruma na sharɓar kuka, wani daga baya na cewa, "Yi haƙuri 'yar nan, gobe ma za a kawo!"

Deshui ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Da aka fito ya ce, "Baba, ka yafe ni, na sa an yi maka dariya."

"Ka cika jan ƙarshen," in ji tsohon. "Kafin ka sauke, awarar ta huce." Sai ya ƙara da tambaya, "Wai da gaske a birni kuka aka yi?"

"An yi, Baba."

"Ikon Allah. Ni shekara arba'in ina yi, ko kare bai taɓa yi mini kuka ba."

Madalla dai ba ta fito ba. Amma washegari da sassafe muka ji tallan ya sauya. Tsoho Kuang na jan ƙarshen, yana ja, yana ja, kamar goge. A ranar nan, da sanyinta muka ci awara, ba wanda ya yi ƙorafi.