Inna a Fim ɗin Mutanen Norway

Shekara tara ke nan da muka yi wa mahaifiyata, Inna Zuwaira, salla a Harami muka kai ta makwancinta. A Makka ta haife mu, a unguwar Nakkasa, inda ta yi ta sayar da kunu da ƙosai har ƙarfinta ya ƙare. Amma a wani ƙauye na ƙasar Damagaram ta tashi, kafin ita da babanmu su biyo ta Sudan su zo aikin hajji su zauna.

Tana yawan ba mu labarin wasu Turawa da suka je ƙauyensu tana budurwa, ɗauke da na'urar ɗaukar hoto. An ce daga Norway suke, ma'aikatan gidan talabijin ne, suna nuna wa mutanensu yadda ake rayuwar karkara. Sun ɗauke ta tana shiƙar gero. Ba ta taɓa ganin fim ɗin ba, kuma hakan bai dame ta ba. Takan ce ita dai geronta ya fita tas.

Da aka rushe gidanmu na Nakkasa, 'yan hotunanta suka salwanta a wajen kwashe kaya. Na riƙa jin tsoron kada kamanninta su dushe mini. Bara sai ga saƙo daga ɗan yayata, Habibu, wanda ke aikin jinya a Norway. Wata tsohuwa da yake kula da ita ce ta ji sunan Nijar a bakinsa, ta tuna wani tsohon shiri da ta kalla tana yarinya. Ya bincika, ya samo, ya turo mini ta waya.

Hoton baƙi da fari ne. Ga Inna nan siririya, ta ɗaga ƙwarya sama, gero na zuba. Wani namiji yana ta bayani da harshensu, ba na jin ko kalma. Can ya yi shiru, muryarta ta fito sarai, tana nufin mai ɗaukar hoton: “Ku ce masa ya matsa, ya tare mini iska.”

Na yi dariya, sannan na yi kuka.

Ina tunanin abin da za ta ce da Makkar yau. Tudun Nakkasa da ta sani ya zama fili, jikokinta Larabci ya fi musu sauƙi a baki. Ba na jin za ta yi ƙorafi. Za ta tambaya ko sun ci abinci, ta ci gaba da hidimarta.

'Yata Maryam ta kalli fim ɗin ta ce, “Ummi, wallahi tsayuwarki ce.” Ban taɓa lura ba. Tun daga ranar, duk lokacin da nake wanke shinkafa na ga yadda nake riƙe kwano, sai in yi mata addu'a. Allah ya jiƙan Inna, ya saka wa baƙin nan da suka tare mata iska.