Ranar da Na Raka Kawu Kotu a Gidan Rumji

Ana sallame sallar asuba muka bar Gazawa, ni da kawuna. Shekara talatin ya yi yana awon gyaɗa a wani kamfani da ke wajen Gidan Rumji. Da suka yi ritaya, su goma sha ɗaya, aka hana su kuɗin sallama. Suka kai ƙara, suka yi nasara, amma shekara uku ko dala ba su gani ba. Shi ne kotu ta kira shugaban kamfanin ya zo ya faɗi dalilin da ya sa ya raina hukuncinta.

Mu huɗu aka cusa a gaban mota, ƙafata ɗaya sai a Cadawa na sake jin ta. Kaka ce, dammunan gero jingine ko'ina, buhunan aya kuwa a bakin hanya har sun fi mutum tsawo. A nan wani abokin aikin kawu ya shigo, ido ɗaya ya tafi. Sai da ya shafa fuskar kawu sannan ya ce, "Kai ne? Ashe kana nan!" Muka karya da ƙosai da kunu. Mai ƙosan da ta ji inda za mu, ta ƙi karɓar kuɗin tsofaffin, ni ko ta caje ni cif.

Mun wuce Maraɗi da Tibiri, hantsi ya dubi ludayi muka isa. A ƙofar kotu muka tarar da sauran masu ƙarar. Cikin goma sha ɗayan, maza bakwai ne suka rage a raye. Sauran huɗun matansu ne suka zo, wata a amalanke tun daga ƙauye, kowacce da takardun mijinta ƙulle a gefen zane.

Alƙaliyar ba za ta girme ni ba. Magatakarda ya fara kiran sunaye, ya zo kan wani mamaci. Sai wata tsohuwa ta miƙe ta ce, "Ya riga mu gidan gaskiya, ranki ya daɗe. Ni na zo in amsa mishi."

Shugaban ya iso a makare, lauyansa na biye. Ya fara bayanin kasuwa ta lalace. Alƙaliyar ba ta ɗaga murya ba.

"Ba kasuwa na tambaye ka ba. Takardar hukunci ta same ka?"

"Ta same ni."

"To juya ka dubi mutanen nan."

Ya juya. Kawu, wanda ya shekara talatin yana cire takalminsa kafin ya shiga buro, wato ofishin mutumin, ya dube shi ido cikin ido. Mutumin ne ya fara sunkuyar da kai. Alƙaliyar ta ba shi wata guda ya biya, kowace rana ta ƙaru akwai tara a kansa, in ya ƙi kuma a kama kayan kamfanin.

A hanyar komawa, da muka kai Agiye, kawu ya juyo ya dube ni. Can ya ce, "Ɗana, ko ban ci kuɗin nan ba, yau an kira sunana a gabansa, ya ji."

Magariba muka shiga gida. Da na tafi, ina zaton kuɗi kawai muka je nema. Na dawo na san abin da ya hana tsofaffin nan barin maganar shekara uku: so suke a yarda sun yi aiki.