An Ba Kotu Haƙuri

A shekarar da aka sami mulkin kai ina aikin allurar shanu a ƙasar Kebbe. Na yi wa wani garke allura kusa da Fakku, ba a jima ba shanu suka soma faɗuwa. Mai garken ya kai ƙara, aka dakatar da ni, aka ce in koma gida Tambuwal in jira ranar shari'a a Sakkwato.

Hankalina bai tashi ba, don ina da shaida. Wani tsohon ardo yana tsaye lokacin da na isa rugar, kuma shi da bakinsa ya ce mini shanun nan sun daɗe suna tari. Ya yi mini alkawari zai faɗi haka gaban alƙali.

Sai jarida ta iso. Wani ɗan rahoto da bai taɓa taka Kebbe ba, wanda na tabbata bai san karsana da bijimi ba, ya rubuta da manyan baƙaƙe cewa malamin dabbobi ya kashe shanun talakawa da gurɓatacciyar allura. Bai ce ana zargi ba. Cewa ya yi na kashe.

A lokacin jarida ɗaya ke zagaye gari. Mai karatu ya zauna a inuwa ya karanta da ƙarfi, jama'a su yi tsit kamar ana huɗuba. Abin da aka buga kuwa ba a musunsa.

A unguwarmu magidanta kan fito da akushinsu bayan magariba a yi ciyayya a ƙofar zaurena. Ba wanda ya zage ni. Sai dai wannan ya ce baƙi ya yi, wancan ya ce ciki ke damunsa, har aka mayar da ciyayyar can bakin masallaci ba tare da an gaya mini ba. Nakan shimfiɗa tabarma babba kamar kullum, in ci tuwona ni kaɗai ina jiyo dariyarsu. Kaɗaicin nan ya fi dakatarwar ciwo.

Da ranar shari'a ta matso, na hau kekena zuwa rugar ardo don mu shirya tafiya. Na tarar da kufai, daga busasshen kashin shanu sai turakun maruƙa. Wata tsohuwa mai tsintar itace ta dube ni da mamaki.

"Malam, ashe ba a ɗaure ka ba?"

"Inna, ai ba a yi shari'ar ba tukuna. Ina ardo?"

"Ya yi kudu da shanunai. Ran kasuwa anka karanta takardar gwamnati, yaj ji an kama ka da laihi. Yac ce tunda an gama, mi za shi yi Sakkwato? Wallahi har hawaye yay yi maka."

Na zauna a kan wani turke na rasa wanda zan yi wa faɗa. Ardo mutumin kirki ne, bai saɓa alkawari ba. A saninsa, ba a buga magana a takarda sai hukuma ta yanke ta.

A kotu lauyana ya ajiye jaridar gaban alƙali. Ran alƙali ya ɓaci ƙwarai. Ya sa aka kira editan, ya ce yanke hukunci a jarida alhali magana tana gaban shari'a raina kotu ne, ya ci shi tara, ya umarce shi ya janye. Ni kuwa aka sallame ni don mai ƙara bai kawo hujja ba. Ba wanda ya tashi ya ce shanun da ciwonsu na same su. A gari sai aka ce lauya ne ya kuɓutar da ni.

Janyewar ta fito a shafin ciki, ƙasa da tallar sabulu. Na sayi jaridar, na ɗauki akushina na nufi bakin masallaci, na karanta musu da kaina: jarida tana ba mai girma alƙali da kotu haƙuri.

Wani dattijo ya tsame hannu daga miya ya ce, "To, an ba kotu haƙuri. Kai hwa, mi anka ce maka?"

Na sake bin layukan da yatsa har ƙarshe. Babu ni a ciki. Na ɗauki akushina ban buɗe ba, na koma zaure.