Faifan da Na Karya a Saman Bene

Ni ne da laifi, kuma na daɗe da sanin haka.

Ƙanena yana da wani faifan CD da ya tsinta a wurin masu gwanjo a kasuwar Balad. Na wasu samarin Amurka ne, wai cikin na farko da suka yi tun ba a san su ba. Jita ce mai kaushi, da murya kamar ta mai kuka. Na sha tsokanarsa: "Mutanen nan naka ciwon ciki suke yi?" Sai ya ce, "Halas, ya isa haka, Yaya, ƙyale ni."

Da Inna ta rasu, aka jera kujeru a layinmu na unguwar Kurayyat. Bayan magariba 'yan gida kan tsaya a sahu, masu ta'aziyya su bi suna dafa kafaɗarmu. Shi ba ya cikin sahun. Wani dattijo maƙwabcinmu ya ce, "Ina autan?" Kunya ta rufe ni. Na hau saman bene, na same shi a rakuɓe da abin sauraro a kunne. Ban tambaye shi komai ba. Na zaro faifan na karya. Na ce, "Yau aka binne uwarka, kai kana jin kiɗa?" Ya tsince gutsattsarin, ya sauko ya shiga sahu. Daga ranar, gaisuwa kaɗai ke haɗa mu.

Yayarmu ce ta gaya mini daga baya. Lokacin da nake yawo da motar kafilina, Balaraben da nake aiki a ƙarƙashinsa, ƙanena ke jinyar Inna. In ciwo ya hana ta sakat, sai ya kunna faifan, ya sa mata kunne ɗaya na abin sauraron, shi ya sa ɗaya. Takan ce, "Yaran nan wa ya rasu musu? Allah ya ba su haƙuri. Maido mini mai sanyin nan." Da bakin mayafinta take goge masa faifan.

Duk da haka na yi shekaru ban buɗe baki ba. Sai da na ga 'ya'yansa suna girma ba su saba da ni ba, na je gidansa a unguwar Ruwais. Ya kawo shayi, yana kallon ƙasa.

Na ce, "Auta, na zalunce ka. Kai ka zauna da ita, ni sahu kawai na tsaya. Abin da na karya ba ni da irinsa da zan ba ka. Don Allah ka yafe mini."